Washar Da Na Cire A Gaban Dagaci

Assalamu alaikum jama'ar wannan zaure. Admin, don girman Allah ka rufe sunana da lambata, ka sa saƙon nan yadda na rubuta shi, ko ka ga kuskure ka bar shi haka. Don Allah ku ba ni shawara, kuma ku ba ni ita kafin Asabar ta sama, domin bayan ranar ba za ta yi mini amfani ba.

Ni dattijo ne, na haura sittin da biyar, ina zaune a wani gari tsakanin Daura da Baure. Karatuna aji bakwai ne na firamare sai na allo, saboda haka ku yi haƙuri da rubutuna. Sunayen da zan ambata duk na sauya su. Sana'ata gyaran injin ban ruwa, irin na fetur ɗin nan da ake noman rani da shi, na fi shekara talatin ina yi a fadamarmu. Yadda nake aikina, ba na fara kwance inji, sai in ce a tayar da shi, in ɗora bakin sukundireba a jikinsa, in kara kunnena a mariƙin in saurara. Daga kukansa nake gane ko fulogi ne, ko kafireta ce ta toshe, ko ciki ne ya ci. Har ta kai a fadamar nan ba mai sayen inji, sabo ko na hannu, sai an kira ni na saurara, in na ce a saya a saya, in na girgiza kai mai kaya ya ɗauki kayansa ya yi gaba. Suka sa mini suna Kunnen Inji. A da in an kira ni da sunan nan har tafiyata sauyawa take yi.

Ina da aboki, zan kira shi Alhaji Mati. Tare muka yi kiwon awaki, rana ɗaya aka yi mana kaciya. Shi harkar mai ya shiga, ya fara da bumburutu a bakin titi da galan da mazurari, ya koma kai jarkoki ƙetare ta wajen Kongolam lokacin da mai ke araha a nan yana tsada a can, har ya gina gidan mai mai famfo biyu a bakin garinmu. Duk injin da ke kuka a fadamar nan man Alhaji yake sha, ni in gyara shi ya zuba, haka muka yi shekaru. Muka ƙara da surukuta, 'yata ta fari tana auren babban ɗansa, 'ya'yansu biyar yanzu.

Akwai kuma wani mutum, zan kira shi Emeka, Ibo ne Kirista, yana da shagon kayan gyara a cikin Daura. A wurinsa nake sayen kaya tun yana da teburi ɗaya. Hausa a bakinsa kamar a nan aka yanke masa cibi, 'ya'yansa duk a nan aka haife su. Bai taɓa ba ni kayan banza da sunan na kirki ba, in abu mai araha ne zai ce Baba wannan ba zai kai damina ba, in kana so ka ɗauka. Da babbar salla ina aika masa nama, da Kirsimeti ya aiko mini da shinkafa. Ina faɗa muku wannan ne don ku san mutumin bai taɓa yi mini komai ba sai alheri.

Shekara goma sha ɗaya ke nan, Emeka ya tafi kudu ya dawo da wani abu da ba mu taɓa gani ba a lokacin, injin ban ruwa na sola, faranti shida masu zuƙar hasken rana da ɗan inji wanda mutum ɗaya zai ɗauka a hannu. Duk ƙarfin shagonsa ya zuba a ciki. Ni ya fara nuna wa, yana murna, ya ce Baba wannan ba ya shan fetur, rana yake sha, kuma ku nan rana ce ta yi muku yawa. Ya je wurin Dagaci ya nemi a ba shi dama ya gwada a gaban manoma, Dagaci ya sa rana, ya ce kuma kamar yadda aka saba, Kunnen Inji ne zai saurara ya gaya wa mutane gaskiya.

Saura kwana biyu Alhaji Mati ya zo rumfata bayan la'asar, ya zauna a kan benci ya daɗe yana juya makullin mota. Ya ce in abin nan ya shiga fadama wa zai sake sayen mai, ya ce kuma ya tambaya an gaya masa ba fulogi a ciki ba kafireta, to ni me zan riƙa gyarawa, shi ya rufe famfo ni in rataye sukundireba, mu zauna muna kallon Emeka yana kwasa. Ya tambaye ni ko ba abin da zan iya yi. Na ce zan duba. Da zai tashi ya dafa kafaɗata ya ce, "Mutumina, kai ne kunnen garin nan, abin da ka ji shi suka ji." Ina so ku sani ko kwabo bai ba ni ba, ba zan ce saye ni aka yi ba. Tsoro ne, da baƙin cikin a ce an kawo inji fadamar nan wanda ba ya buƙatata.

Ranar gwaji da hantsi rana ta take sosai, manoma suka cika bakin rijiyar da za a yi gwajin a fadama, har da na ƙauyukan gefe. Emeka yana can yana jera farantai yana haɗa wayoyi, sai ya miƙo mini tiyon da ke jan ruwa ya ce Baba kai ka ɗaura, hannunka ya fi nawa. A daidai inda tiyo ke haɗuwa da inji akwai wata 'yar washa ta roba, ba ta fi zoben hannu girma da yawa ba, ita ke hana iska shiga. Na sa farce na zare ta, na tura ta cikin naɗin hulata, na ɗaure tiyo tam a gaban kowa. Duk makaniki ya san abin da zai biyo baya, inji zai riƙa jan iska maimakon ruwa. Aka kunna. Mutanen da suka saba da injin da in an tayar sai an ɗaga murya a yi magana, suka ji shiru, suka fara kallon juna, wani ya tambaya ko an ma tayar. Ruwa ya zo yana tari, ya ɗan zuba, ya tsaya. Emeka ya duba waya, ya goge farantai da rigarsa, ya sake ɗura ruwa, har sau uku, zufa tana bin gemunsa. Ko sau ɗaya bai taɓa mahaɗar tiyon ba, saboda Baba ne ya ɗaura.

Sai Dagaci ya ce in zo in saurara musu. Na durƙusa na ɗora sukundireba na kara kunne. Jama'a, tunda nake ban taɓa jin abu yana juyawa lafiya kamar wannan ba, wani siririn sauti ne miƙaƙƙe, ba gargada ba rawa. Na ɗago kai na ce, "Ranka ya daɗe, inji mai rai kuka yake yi. Wannan ba rai a cikinsa, jabu ne." Wuri ya kaure da dariya. Emeka bai yi gardama ba, ya dube ni ya ce, "Baba, ka sake saurara." Na ce masa kunnena ba ya buƙatar sau biyu, na karkaɗe gwiwata na tashi.

Daga ranar sunansa ya koma Mai Jabu. Mutanen da suka yi shekaru suna sayen kaya a wurinsa suka fara cewa dama sun lura, ko fulogi aka daina saya a shagonsa. Ni ma na sauya shago, don ba na iya haɗa ido da shi. Shekara ba ta zagayo ba ya rufe, ya kwashe iyalinsa ya bar Daura. Kafin ya tafi Alhaji Mati ya je wai don tausayi, ya karɓi farantan da injin a matsayin kayan gwangwan. Bayan sati ya aiko a kira ni lambunsa, wanda ke bayan gari, ya kewaye shi da doguwar katanga. Da hannuna na ciro washar nan daga gwangwanin da na ajiye ta, na mayar da ita inda na cire ta. Ruwa ya ɓalle kamar an fasa madatsa. Alhaji ya yi dariya har hularsa ta faɗi a laka. Sama da shekara goma injin nan yana shayar da mangwaronsa da gwaibarsa da ayabarsa, ko sau ɗaya bai nemi makaniki ba, shi kuma yana bakin titi yana zuba wa talakawa fetur a jarka. A bayan kowane faranti akwai sunan Emeka da jan fenti, da hannunsa ya rubuta, bara ma da na shiga lambun na gan shi, ya ɗan koɗe amma ana karantawa.

Na zauna da wannan abu a cikina kamar ba komai. Ni ne nake jan salla a masallacin unguwarmu in liman ba ya nan. Ina cikin waɗanda suka hau babbar mota muka tafi Katsina muna kabbara lokacin da aka kawo Shari'a jiharmu. Sau nawa aka yi wa'azi a kan shaidar zur ina sahun gaba ina gyaɗa kai, har in ce Allah ya tsare mu. Ba zan ɓoye muku ba, wasu shekarun ma mantawa nake yi gaba ɗaya.

Sai aka cire tallafin mai. Ku da kuke birni kun ji shi a kuɗin mota, mu a fadama a jikin shuka muka gan shi. Mai ban ruwa sau uku a sati ya koma sau ɗaya, mai sau ɗaya ya koma kallon sama. Tumatir ya zubar da fure, alkama ta tsaya iya gwiwa. Ƙanena da muke ciki ɗaya ya shuka albasa, ta fara kai ke nan man ya gagare shi, yana ji yana gani ta kwanta. 'Ya'yansa biyu magidanta suka bar matansu suka tafi haƙar zinariya can bayan Agadas, ɗaya yana kira jefi-jefi, ɗaya har yau ba mu ji ɗuriyarsa ba. Fadamar da in ka tsaya da safe ba ka jin maganar na kusa da kai saboda kukan injuna, ta koma sai kukan tsuntsu. Rumfata ta bushe, wani lokaci in yi kwana huɗu ban taɓa sifana ba. A lokacin ne na fara tuna Emeka kullum, in ce da tun a wancan lokacin mutanen nan sun karɓi abin nan, ɗaya bayan ɗaya, da yanzu tsadar mai ba ta same su a tsaye a rana ba.

Shi kuwa Alhaji Mati bai ɓata lokaci ba. Harkar ƙetare ta mutu, cinikin jarka ya ja baya, kafin shekara ya sa wa famfo ɗaya kwaɗo, ya cika ofishin gidan man da farantan sola, ya ɗauko masu haɗawa daga Kano. Gonakin da aka bari ya bi su ɗaya-ɗaya, shi ya kawo ruwa mai gona ya kawo ƙarfi a raba amfani. Wallahi ban yi masa baƙin ciki ba a lokacin, na ce ko ba komai fadama za ta tashi. Na je na same shi na ce ya sa ni cikin masu aikin, ko ɗaurin tiyo ne, in koya a hankali. Ya bar ni a benci har azahar, da ya fito ya ce wannan aikin masu takarda ne, ba abin saurare a ciki, in je in huta na tsufa. Na haɗiye wannan ma.

Abin da ya kasa wuce mini ya faru wata biyu da suka wuce, a wurin zaman makoki, tabarma cike da dattawan gari. Ana hirar sola, sai wani manomi ya ce shin wannan ba shi ne abin da Emeka ya taɓa kawo mana ba, da mun karɓa tun lokacin ai da ba mu ga wannan wahalar ba, wai ma wa ya ce mana jabu ne. Kowa ya san amsa. Ina jiran Alhaji ya kawar da zancen, sai na ji ya gyara murya. Ya ce shi tun ranar zuciyarsa ta ba shi abin nan na kirki ne, amma shi ba makaniki ba ne, gari ya ɗora amanarsa a kan kunne ɗaya, kunnen kuma bai san komai ba sai hayaniya. Ya miƙo hannu ya bubbuga gwiwata a gaban mutane ya ce, "Kada ku ga laifin mutumina, jahilci ne ba mugunta ba." Aka yi dariya a gidan mutuwa, irin dariyar da aka yi wa Emeka, wasu ma su ne dai mutanen.

Tun daga ranar sunan Kunnen Inji ya zama abin tsokana. In rediyon wani ya ƙi magana sai a ce a kai wa Baba ya saurara ko yana da rai. Masu shayi suna yi, masu faci suna yi, ina wucewa ina ji. Ƙanena da muka fi shekara arba'in muna cin tuwo a kwano ɗaya ya daina fitowa da nasa, da na tambaye shi ya ce Yaya da ka ce mana ba ka sani ba ai da ya fi, ka ga inda rashin saninka ya kai 'ya'yana. Abin da ke bakina kuwa ya fi wanda yake zargina da shi muni.

Na je gidan Alhaji muka yi ta mu biyu a zaurensa. Na tuna masa benci da makullin mota, na tuna masa hularsa a laka. Bai musa ko ɗaya ba. Ya ce wa ya ji, wa ya gani, kuma farcen wa ya zare washar, nasa ko nawa. Ya ce ma in gode masa, rufa mini asiri ya yi, gara a ce mini jahili da a ce mini maci amana. Da na ce zan fasa kowa ya ji, sai ya yi murmushi ya ce in tuna 'yata a gidansa take cin tuwo, jikokina kuma sunansa suke amsawa. Na fito, ji na yi da akwai sifana a hannuna da ban san abin da zai faru ba.

Ga inda maganar take yanzu. Asabar ta sama manoman fadama za su taru a ƙofar Dagaci, har da wakilin Hakimi, za a ba Alhaji Mati shugabancin ƙungiyar manoman rani, a kuma danƙa masa filin gari da ke tsakiyar fadama ya kafa manyan farantai. Ana ta cewa shi ne ya ceci fadama, shi ya fara kawo sola yankin nan. Dagaci ya aiko mini cewa tunda ni ne babba a cikin masu aikin fadama, in tashi in yi 'yar magana, in amsa cewa na yi kuskure a baya don a rufe zancen a daina tsokanata. Na bincika na ji shawarar Alhaji ce. Wato da bakina yake so in tabbatar wa gari ni jahili ne, a lasifika, sannan a tafa masa. Na aika na ce na amsa, zan yi magana.

Abin da na shirya shi ne in karɓi lasifikar nan in faɗi komai tun daga benci har lambu. In ce ban yi kuskure ba, kunnena bai taɓa yi mini ƙarya ba, ni na yi muku. In ce ga wanda ya zo rumfata, ga abin da ya ce, sannan in roƙi wakilin Hakimi ya tashi dattawa uku a take su je lambun su juya farantan su karanta sunan da ke baya. In ma wani ya gane ni a nan ya kai masa labari ya goge fentin, ya goge, sabon fenti a tsohon faranti ma abin tambaya ne. Na zauna na hango fuskarsa a ranar ya fi sau ɗari. Ina so in ga babbar rigar nan ta yi masa nauyi. Ina so ya miƙa hannu a ƙofar masallaci a bar shi da hannu a miƙe. Ina so duk wanda albasarsa ta kwanta ya tuna jarka nawa ya ɗauka a wurinsa alhali bayan katangarsa ruwa kyauta yake kwarara. Ba zan yi muku ƙarya in ce don Allah nake son yi ba, so nake ya faɗi, ko da tare za mu faɗi, ni na riga na saba da ƙasa.

Satin da ya wuce na gaya wa mai ɗakina, karo na farko. Tana tsintar shinkafa a faifai, ba ta ɗago ba har na gama, ta ci gaba da tsinta kamar ba ta ji ba. Can ta ce, "Malam, shekara goma sha ɗaya kana cin tuwo da wannan abu a cikinka, bai hana ka lashe hannu ba. Sai da aka yi maka dariya ka tuna da Allah?" Ta ce in na yi abin da nake nufi, 'yarmu ce za ta kwana a gidan da ubanta ya tona wa asiri, ko ba a sake ta ba zaman ya ƙare, jikokinmu kuma kakanninsu biyu za a riƙa nuna musu da baki, na uwa da na uba. Ta ce amma kuma ita ba za ta ce in tashi a gaban mutane in ƙara wata ƙaryar a kan ta farko ba. Ta ɗauki faifanta ta shiga ɗaki, tun ranar gaisuwa ce kawai tsakaninmu.

Shekaranjiya na samo lambar Emeka a wurin wani ɗan garinsu. Yana Kano, a shagon wani yake tsayawa, bai sake mallakar nasa ba. Na kira shi, ina yin sallama ya ce Baba Kunne, kana da rai ashe. Na fara kame-kame, ya katse ni ya ce ya sani, tun yammacin ranar da ya kwance tiyon ya ga ba washa ya san hannun da ya ɗaura. Na tambaye shi me ya hana shi magana. Ya ce, "Baba, ni baƙo, kai Kunnen Inji, a gaban garinku gaba ɗaya. Wa zai ji ni? Ga yarana a cikin gari." Ya ce matarsa ta rasu shekara uku da suka wuce, har ta mutu in suka yi faɗa da maƙwabta tana tsoron kada wani ya san sunan da aka sa musu a Daura. Na roƙe shi gafara. Sai ya ce shi bai ce ya yafe ba bai ce bai yafe ba. Na gaya masa shirina na Asabar, ina tsammanin zai yi murna, sai ya ce, "Sunana nake so. Ka tsaya a inda ka tsaya ka ce kayan Emeka ba jabu ba ne, kai ka cire washa. Maganar Alhaji ban aike ka ba, wannan naka ne."

To jama'a kun ji. In na yi yadda Emeka ya ce, na wanke shi na tona kaina ni kaɗai, Alhaji zai zauna a kujerarsa yana girgiza kai yana salati tare da mutane, ya ƙara da cewa bai taɓa zaton haka daga mutuminsa ba, a ba shi filin a tafa masa, ni in rasa sahun gaba in rasa ƙanena har abada, shi ko ƙwarzane. In kuma na haɗa da shi, na san gaskiya na faɗa ba ƙari, kuma mutanen da za su danƙa masa filinsu suna da haƙƙin su san wanda suke ba wa, amma na san zuciyar da zan faɗe ta da ita, kuma 'yata ce za ta biya. Malaman da ke zauren nan ku gaya mini, gaskiyar da mutum ya faɗa don ya ga bayan wani, ana rubuta masa ita a tuba? Kuma ya halatta in rufa wa wanda muka yi laifi tare asiri, alhali ana shirin ba shi amanar mutanen da muka cuta? Iyaye mata ku gaya mini, in ku ne 'yata, wanne za ku iya ɗauka, kuma in kira ta in gaya mata kafin ranar ko in bar ta ta ji a gari?

Abu ɗaya na riga na yanke, ba zan tashi in ce kuskure na yi ba, sunan Emeka zai fita ranar Asabar ko me za ku ce. Sunan Alhaji ne ban sani ba. Masu cewa in bar shi da Allah, na ji, amma ku gaya mini yadda ake yi, don na gwada. Jiya da la'asar na makara na samu sahu na biyu, shi yana gabana daidai, raka'a huɗu cur ƙeyarsa nake kallo, har aka yi sallama ban san abin da na karanta ba.